Takeshi Seyama: me mai tace fim yake yankewa a fim ɗin da ba shi da rara?

Ranar 16 ga Afrilun 1988 gidajen silima a Japan suka fara nuna fina-finan katun guda biyu a kan tikiti ɗaya. Na farko, My Neighbor Totoro na Hayao Miyazaki, labarin ya da ƙanwa ne da suka koma ƙauye tare da mahaifinsu, suka yi kiciɓis da wata ƙatuwar halittar daji mai laushin gashi. Na biyu, Grave of the Fireflies na Isao Takahata, labarin wa ne da ƙanwarsa a birnin Kobe a 1945, bayan jiragen Amurka sun yi wa garin ruwan wuta, kuma yunwa ce ta yi ajalin su biyun. Wata uku cif bayan haka, ranar 16 ga Yuli, sai ga Akira na Katsuhiro Otomo, inda 'yan daba ke tsere da babura a titunan wani Tokiyo na 2019, ga jini, ga ƙara, ga gine-gine na rushewa. Wanda ya kalli ukun a jere zai rantse ko hanya ba su haɗa ba. Amma in ya daure ya zauna har sunayen ma'aikata suka gama wucewa, zai ga suna ɗaya a gurbin tace hoto a dukkansu: Takeshi Seyama.

An haifi Seyama a 1944. Tun daga Castle in the Sky na 1986, babu wani dogon fim da Miyazaki ya ba da umarni da bai bi ta hannunsa ba, fina-finai goma ke nan, har zuwa The Boy and the Heron na 2023. Ya tace wa Takahata huɗu, ya tace wa Otomo, ya tace wa Satoshi Kon. Duk da haka, cikin miliyoyin da suka san Totoro, da wuya a sami ɗaya cikin dubu da ya san sunan nan. Wannan ba abin mamaki ba ne, haka sana'ar ta gada. Tambayar da ta fi jan hankalina daban ce: wai me mai tace hoto yake yi a fim ɗin da zana shi aka yi da hannu?

Kalmarmu ta Hausa ma ta nuna inda gizo ke saƙar. Mu "tacewa" muke cewa, kamar yadda ake tace gasara, a tara mai kyau a ƙwarya, a zubar da dusa. A fim na mutane haka abin yake. Darakta zai ɗauki fitowa ɗaya sau biyar, sau goma, daga gaba, daga gefe, daga nesa, sannan a jibge wa edita ya zaɓa. Fim ɗin Mad Max: Fury Road na 2015, hotunan da aka ɗauka sun haura awa 400, Margaret Sixel ta tace su suka koma awa biyu. Ko mai haɗa bidiyon biki a shagonsa ya san wannan aiki, don sai ya zubar da inda kyamara ta karkace da inda wani ya gifta. To a katun babu dusar. Kowane sakan ɗaya da ka gani, mutane ne suka duƙa a kan tebur suka zana shi takarda bayan takarda. Princess Mononoke na 1997 ya ci zane kimanin 144,000. Babu furodusan da zai biya a zana fitowa sau biyu don edita ya sami abin zaɓe. Seyama tela ne da ake kawo masa yadi daidai wa daida, ba a bar masa ko ƙyallen da zai yi aljihu ba.

Kafin a gane abin da ya rage masa, sai an fahimci yadda ake auna lokaci a wannan sana'a. Zaren fim na silima yana gudu da hotuna 24 a kowane sakan, kowane ɗaya ana kiransa firem. A zamanin da Seyama ya yi tashen ƙuruciyarsa, wannan abu ne da ake riƙewa da hannu: zare mai faɗin milimita 35, firem 16 a kowace ƙafa, ƙafa 90 a minti guda. Akira mai tsawon minti 124 ya haura kilomita uku in aka warware shi a ƙasa. Edita na zaune gaban na'urar da ke juya zaren gaba da baya, ya sa alama da fensir, ya datse, ya liƙa da tef. In ya ce a cire firem shida, yana nufin kashi ɗaya cikin huɗu na sakan, ɗan guntun da bai kai tsawon tafin hannu ba.

Fim ɗin katun a Japan yana farawa ne da abin da suke kira ekonte. Littafi ne mai kauri da darakta ke zana fim ɗin gaba ɗaya a cikinsa, gida-gida. A gefen kowane zane akwai bayanin motsi, da maganar da za a faɗa, da kuma tsawon lokacin da wannan yankin zai ɗauka. Kowane yanki, wato daga inda hoto ya canza zuwa inda zai sake canzawa, suna ce masa katto. Ana rubuta tsawonsa kamar haka: 3+12, ma'ana sakan uku da firem goma sha biyu, wato sakan uku da rabi. Darakta kan riƙe agogon awo a hannu, ya kwaikwayi motsin a ransa ko da jikinsa, ya danna, ya rubuta abin da ya gani. Daga nan sai a raba wa masu zane, kowa da wata doguwar takarda mai layi-layi, kowane layi firem ɗaya, da ke nuna wane zane zai fito a wane firem. Kuma ba kowane firem ake yi wa sabon zane ba. Tun Astro Boy na Osamu Tezuka a 1963, talabijin ɗin Japan ta saba da barin zane ɗaya ya zauna firem uku, zane takwas ke nan a sakan, don a rage aiki da kuɗi.

Ke nan rabin tacewar an riga an yi ta a kan takarda tun kafin a zana komai. Jerin hotuna, wane zai zo bayan wane, daga wace kusurwa, duk darakta ya yanke. Wannan ne ya sa wasu ke ɗauka editan katun mai liƙe-liƙe ne kawai. Kuskuren shi ne, agogon awo da idon ɗan kallo ba abu ɗaya suke gani ba. Abin da darakta ya ƙiyasta sakan uku da rabi a ransa, in aka zana shi aka jera tsakanin maƙwabtansa, sai ka ga ya yi nauyi, ko ya wuce fuu kafin ido ya kama. Yarinya ta juyo da kanta a wannan katto, a na gaba an nuna abin da ta gani. In aka bar firem huɗu bayan ta gama juyowa, sai ta zama kamar mai tunani. In aka datse tun kanta bai tsaya ba, sai ta zama mai firgita. Zanen bai canza ba ko ɗigo, amma halin yarinyar ya canza. A wannan ɗan tsakanin Seyama ya shafe shekara kusan hamsin yana aiki.

Kuma kada a raina firem uku ko huɗu. A ce fim na da katto 1,400, aka rage firem uku daga kowanne. Firem 4,200 ke nan, kusan minti uku. Minti ukun nan ba a wuri ɗaya suke ba balle a ce ga fitowar da aka cire, sun bazu ne a ko'ina kamar gishiri a miya. Ɗan kallo ba zai taɓa nuna su da yatsa ba. Abin da zai ce kawai shi ne fim ɗin ya ja shi, ko kuma ya gundure shi.

Zaman da ake yin wannan aiki suna kiransa kattingu. Darakta na gefe, edita na kan na'ura, ana bin fim ɗin katto bayan katto. Sau da yawa ma zanen bai kammala ba. Inda ba a shafa launi ba sai a sa zanen fensir, inda ko na fensir ɗin bai iso ba sai a ɗauki hoton ekonte a cike gurbin. Dole edita ya hango motsin da ba a zana ba tukuna, ya yanke masa hukunci. Dalilin gaggawar kuwa shi ne, a Japan yawanci sai an tsayar da tsawon hoto sannan masu murya ke shiga, tsarin da suke kira afureko. 'Yan wasa na tsaye gaban makirufo suna kallon allo, alama na fitowa ta nuna wa kowa inda zai fara da inda zai tsaya. Mai kiɗa ma, irin su Joe Hisaishi da ya yi wa Miyazaki kiɗa tun 1984, yana jiran a ba shi tsawon kowace fitowa. Da zarar edita ya ɗaure, kowa a kan wannan ma'auni zai gina nasa. In an dawo daga baya ana son sauya firem goma, sai an taɓa murya, an taɓa kiɗa, an taɓa ƙarar takun ƙafa.

A talabijin Seyama ya goge. Sunansa na cikin ma'aikatan Heidi na 1974, shiri mai kashi 52 da Takahata ya ba da umarni, Miyazaki kuma ya tsara fasalin hotunansa. Sai Future Boy Conan na 1978, kashi 26, wanda Miyazaki ya jagoranta a tashar NHK, da Anne of Green Gables na 1979. 'Yan uwanmu da suka yi ƙuruciya a Sudan ko Saudiyya za su iya tuna Conan da sunan da aka sa masa a fassarar Larabci, Adnan wa Lina. Aikin talabijin makaranta ce mai tsanani. Kowane mako sai an miƙa kashi ɗaya mai katto wajen ɗari uku, kuma tasha ba ta san uzuri ba, tsawon da ta ware shi ne tsawon, ba ƙari ba ragi. In kashin ya zarce da sakan ashirin, sai an nemo su firem-firem daga wurare hamsin ba tare da labari ya yi ɗingishi ba. Wanda ya yi wannan mako bayan mako na tsawon shekaru, idonsa kan koma ma'auni. A nan kuma ya san mutanen biyu, Miyazaki da Takahata, da za su kafa kamfanin Studio Ghibli a 1985 tare da furodusa Toshio Suzuki.

Irin wannan doguwar tafiya tsakanin darakta da editansa tsohuwar al'ada ce a silimar Japan. Yasujiro Ozu ya shafe shekaru da Yoshiyasu Hamamura, wanda ya tace masa Tokyo Story na 1953. Akira Kurosawa shi kam da kansa yake tace nasa, sau da yawa a daren ranar da aka yi ɗaukar. Bambancin Seyama shi ne bai zama ma'aikacin gida ɗaya ba. Yana da ɗakin tacewarsa mai ɗauke da sunansa, kamfanoni ke kawo masa aiki, shi ya sa a shekara ɗaya ya iya riƙe Ghibli da hannun dama, Otomo da na hagu.

Mu koma 1988 ɗin, mu dubi abin kusa-kusa. A Totoro akwai fitowar da Satsuki da ƙanwarta Mei suka je tashar bas da lema don taryen mahaifinsu, ana ruwa. Bas ta zo, ba ya ciki. Duhu ya fara shiga. Mei ta fara gyangyaɗi, Satsuki ta goya ta, ta riƙe lema da ƙyar. Babu abin da ke faruwa. Ruwa na ɗiga, fitilar titi ta kama, wani kwaɗo na gefe yana kallo. Duk wani mai koyon tacewa da aka koya masa cewa ɗan kallo ba ya son jira, hannunsa zai yi ƙaiƙayin datse wurin nan. Amma an bar shi ya yi tsawo har kai ma ka fara jin nauyin goyon a bayanka. Sai ga takun ƙafa. Satsuki ta leƙa ta ƙarƙashin lema, ta ga ƙafa mai farata. Ta ɗaga ido a hankali. Totoro ne tsaye kusa da ita, da ɗan ganye a ka wai shi ma yana kare ruwa. Ta miƙa masa lemar babansu. Ɗigon ruwa daga bishiya ya faɗo a kan lemar, ya ji ƙarar ta yi masa daɗi, ya daka tsalle ya diro, ruwan bishiyar gaba ɗaya ya zubo. Dariyar da mutum ke yi a nan, jiran da aka sa shi ya yi ne ya biya kuɗinta. Kuma tazarar da ke tsakanin ɗigo na farko, da zare idon Totoro, da ɗigo na biyu, aikin firem ne tsantsa. A ƙara shida abin ya yi sanyi, a rage shida ba a gane me ya ba shi sha'awa ba.

Japanawa na da kalma ga wannan sarari, suna ce masa "ma". A wata hira da mai sharhin fina-finai Roger Ebert a 2002, Miyazaki ya tafa hannu 'yan lokuta, ya ce lokacin da ke tsakanin tafi da tafi shi ne "ma", kuma fim ɗin da ba ya tsagaitawa hayaniya ce kawai. Makaɗin kalangu ba ya bukatar a fassara masa wannan. Ya san in ya cika kowane gurbi da bugu, mai rawa ba zai sami inda zai sa ƙafa ba.

A Grave of the Fireflies wuƙar ɗaya ce, amma yankan daban. Setsuko 'yar shekara huɗu ta wayi gari ta ga ƙwarin nan masu walƙiya da suka kama da dare duk sun mutu, ta tona rami tana binne su, tana cewa ai ita ma mama tana cikin kabari. Wanta Seita ya daɗe yana ɓoye mata mutuwar. Nan take aka gilma da hoton gawar uwar ana jefa ta cikin tarin gawarwaki, ɗan gajere ƙwarai, aka dawo kan fuskarsa yana hawaye. Da an bar hoton nan ya daɗe, da ya zama abin ƙyama. Gajartarsa ce ta sa ya yi kama da yadda mugun tunani ke faɗo wa mutum ba sallama. Fim ɗin kuma an yi shi cikin matsi har aka kai shi silima da wasu sassa ba a gama shafa musu launi ba, sai daga baya aka kammala. Ka tuna, a watannin nan guda edita ɗaya ne ke karɓar zaren fina-finan biyu.

Akira kuwa ya juya tsarin ne gaba ɗaya. An fara ɗaukar muryoyin 'yan wasa, sannan aka zana baki ya bi maganar, abin da ba a saba yi ba a Japan, inda baki kan buɗe ya rufe kawai a sa murya daga baya. Wannan ya ɗaure hannun edita ta wani ɓangaren, don inda akwai magana ba ya iya taɓa tsawon yadda ya ga dama. Ga katto sama da 2,000, ga zane sama da 150,000. A tseren baburan farkon fim ɗin hotuna na sauyawa da sauri, amma ba ka taɓa ruɗewa game da wa ke gaba, wa ke bin wa, ko ta ina aka ɓullo. Saurin da ba ya ruɗarwa ya fi jinkiri wuyar samu, kuma yawancin fina-finan faɗa na yau sun kasa shi, sai su yi ta watsa maka hotuna har ka haƙura da ganewa.

Akwai inda kalmar tacewa ke da fuska biyu a Hausa, don da ita muke kiran aikin edita, da ita kuma muke kiran aikin hukuma irin Hukumar Tace Fina-Finai ta Jihar Kano. Ghibli ta ɗanɗani wata tacewa ta uku, ta ɗan kasuwa. Fim ɗin Miyazaki na 1984, Nausicaä of the Valley of the Wind, wanda ya riga zuwan Seyama cikin dogayen fina-finansa, an kai shi Amurka a 1985, kamfanin New World Pictures ya zaftare masa sama da minti 20, ya canza masa suna zuwa Warriors of the Wind, har jarumar aka sauya wa suna. Abin da aka zubar shi ne wuraren da labari ke tsayawa ya yi bayanin kansa. Tun daga nan Ghibli ta kafa sharaɗin cewa duk mai son rarraba fim ɗinta a waje ba zai cire komai ba. Da Harvey Weinstein na kamfanin Miramax ya so rage Princess Mononoke mai minti sama da 130, sai Suzuki ya ba shi kyautar takobin Japan da ɗan gajeren saƙo cewa ba a yanka. A 1999 fim ɗin ya fita a Amurka da tsawonsa. Ana ba da labarin nan a matsayin jarumtar furodusa, kuma haka ne. Sai dai abin da takobin ya kare, a zahiri, shi ne ma'aunin da aka tsayar a ɗakin Seyama.

Aiki da Miyazaki na da wata wahalar ta daban: yakan fara fim bai gama ekonte ba. Masu zane na aiki a kan farkon labari alhali shi kansa bai yanke yadda zai ƙare ba. A Spirited Away na 2001, ana tsakiyar aiki ya gane in ya bi labarin yadda ya tsara zai haura awa uku, dole ya sake fasalinsa, aka tsaya a minti 125. Duk da wannan matsi, an bar wa fim ɗin tafiyar jirgin ƙasan nan a kan ruwa, inda Chihiro ke zaune shiru, fasinjoji kamar inuwa suna sauka tasha bayan tasha, ba wanda ya ce uffan. A lissafin ɗan kasuwa wannan ne wuri na farko da za a datse. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin a 2002, ya ci Oscar a 2003, ya tara sama da yen biliyan 30 a Japan, ya riƙe kambun fim mafi ciniki a ƙasar har 2020. A wannan tsakanin ne kuma kayan aikin suka sauya. My Neighbors the Yamadas na Takahata a 1999 shi ne fim ɗin Ghibli na farko da aka yi gaba ɗaya ta kwamfuta, almakashi da tef suka ba da wuri. Na'ura ta sauƙaƙa gwaji, kana iya cire firem biyu ka mayar sau ashirin ba ka lalata komai ba. Amma ba ta gaya maka sau na nawa ne daidai.

In ana son ganin iyakar abin da tacewa ke iya yi a katun, sai a je wajen Satoshi Kon. Shi ya rubuta ɗaya daga cikin labarai uku na Memories, fim ɗin 1995 da Otomo ya jagoranta, Seyama ya tace. Daga baya Seyama ya tace masa Tokyo Godfathers na 2003, labarin marasa matsuguni uku da suka tsinci jaririya a bola daren Kirsimeti, da Paprika na 2006. Kon ya mayar da mahaɗar hotuna ita ce wasan. A farkon Paprika wani ɗan sanda na cikin mafarki: yana filin wasan dabbobi, sai ga shi a keji, ƙasa ta buɗe ya faɗa, faɗuwar ta zama lilo da igiya a daji, lilon ya zama kokawa a cikin jirgin ƙasa. Motsin da ya fara a wuri ɗaya yana ƙarewa a wani wurin. Kon ne ya tsara wannan a ekonte, babu shakka. Amma irin wannan haɗi ba ya yafe kuskure. In hannu ya kai wani matsayi a firem na ƙarshe na wannan katto, dole na gaba ya karɓe shi daga daidai inda ido ke jira, in ba haka ba sai sihirin ya karye, ka ga ɗinkin. Fim ɗin ma ya yi wa sana'ar ba'a a fili, inda ɗan sandan nan, sanye da hula da tabarau irin na Kurosawa, yake bayanin layin da kyamara ba ta tsallakawa in mutum biyu na fuskantar juna. Kon ya rasu a watan Agustan 2010 yana da shekara 46.

A ganina, nan ne girman Seyama yake, kuma nan ne dalilin da ya sa yake da wuyar yabo. Ana gane kiɗan Hisaishi daga sauti uku na farko. Ana gane gajimaren Miyazaki. Amma babu wanda zai kalli fitowa ya ce wannan yankan Seyama ne, don a Totoro ya yi numfashin Miyazaki, a Only Yesterday na 1991 ya yi na Takahata mai bin rayuwa a sannu, a Paprika ya yi na Kon mai tsalle-tsalle. Hukuncin kowane firem a tsakanin mutum biyu ake yanke shi, a ɗaki mai duhu, ba a rubuta wanda ya fara cewa a rage. Shaidar da ke fili ita ce ta komawa. Miyazaki da Takahata mutane ne da aka sani da wuyar gamsuwa, masu sa a sake zane saboda abin da wani ba zai ma lura da shi ba. Mutum irin wannan ba ya kai wa tela ɗaya ɗinki shekara talatin da bakwai don kunya.

Takahata ya rasu a Afrilun 2018. The Boy and the Heron ya fito ranar 14 ga Yulin 2023 ba tare da an saki ko tallan bidiyo ɗaya ba, sai fosta guda, ya kuma ci Oscar a 2024. A gurbin tacewa sunaye uku ne: Seyama, da Rie Matsubara, da Akane Shiraishi. Matsubara ta riga ta tace Arrietty na 2010 da When Marnie Was There na 2014, duka na Ghibli, don haka kujerar ba za ta zauna babu kowa ba. Seyama na dab da cika tamanin a lokacin, Miyazaki na da 82.

Mai son ganin sunansa da idonsa ya nemi kowane daga cikin fina-finan nan ya jira ƙarshe, amma ban da Ponyo na 2008, don a can zai sha wuya. A wannan fim Miyazaki ya sa aka jera sunayen duk waɗanda suka yi aikin bisa tsarin baƙaƙen Japananci, ba a rubuta muƙamin kowa ba, babu darakta, babu furodusa, babu edita. Sai ka bi jerin a hankali har ka iso layin masu farawa da "se".